Wanzami ba ya son jarfa: me ya sa talabijin ɗinmu ba ya yi wa kansa dariya?

Malam Edita,

Assalamu alaikum. Muna roƙon ka ba mu fili a jaridarka mai farin jini mu tofa albarkacin bakinmu kan wani giɓi da ke cikin shirye-shiryen barkwanci na gidajen talabijin ɗinmu. Tun 1962 da aka fara watsa hoto daga Kaduna, babu wanda ba a yi wa dariya ba a akwatin nan. An yi wa baƙauyen da ya shigo birni, an yi wa tsohon soja mai karyayyar Hausa, an yi wa mai mata huɗu da rabon kwana ya gagare shi, an yi wa ɗan siyasa mai alƙawarin gada inda babu kogi. Mutum ɗaya ne ya sha da ƙyar, shi ne mai riƙe da kyamarar, da maigidansa da ke zaune a ofishin sama. Alhali duk wanda ya taɓa kwana a ɗakin labarai ya san babu kasuwar da ta kai wannan ɗaki abin dariya.

Ba wai al'adarmu ce ta rasa fasahar ba. Ɗan kama yakan tanƙwashe ƙafa kamar malami, ya gyara murya, ya ja baƙi ya fassara, amma karatun kaf a kan tuwo da miyar kuka yake. Abin da ke kayar da mutane da dariya shi ne bai kuskure komai ba daga salon: inda ake jan numfashi, inda ake dakatawa, inda almajiri ke amsawa. Da zai kuskure salon, da dariyar ta mutu nan take. Haka abin yake ga shirin da zai kwaikwayi gidan talabijin. Sai ya yi kama da na gaske har mai kallo ya yi daƙiƙa goma bai gane ba, kuma wannan aiki ne na waɗanda suka san ciki da bai na sana'ar. Ɗan wasan da ya ɗaura babbar nakatayi ya riƙe ludayi a matsayin makirufo bai taɓa gidan talabijin ba ko kaɗan, kansa kawai ya mayar abin dariya.

A Ingila, farkon 1994, tashar BBC2 ta nuna wani shiri mai kashi shida, The Day Today, wanda ya taso daga wani shirin rediyo da masu shirya shi suka yi tun farko. Chris Morris ne mai karanta labarai, Armando Iannucci kuma furodusa. Labaran ciki duk shirme ne, amma kwanon da aka zubo su a ciki na gaske ne: kiɗan buɗe labarai mai tayar da hankali, zane-zanen kwamfuta da ke juyi suna walƙiya ba tare da sun bayyana komai ba, mai gabatarwa mai zare ido yana titsiye wakilinsa na tattalin arziki har ya amsa cewa bai karanta rahoton da yake sharhi a kai ba. A wani kashi an haɗa mutum biyu da ɓangarorinsu suka ƙulla yarjejeniyar ciniki lami lafiya, mai gabatarwa ya yi ta murɗa maganar wannan yana kai wa wancan har sai da maganar yaƙi ta fito. Kafin ka ce kwabo sutudiyo ya juye, fitilu sun sauya, ga wakilai a fagen daga. Wato dama kayan a shirye suke, ranar kawai ake jira. Babu wanda ya tsaya ya yi wa mai kallo wa'azi kan yadda tashoshi ke cin abinci da tashin hankali. An nuna masa, ya gani da idonsa.

To, idan wata tasha tamu za ta gwada, daga ina za ta fara? Daga takarda da biro. A ɗauki labaran ƙarfe bakwai na kwana biyar a jere, a rubuta su kalma bayan kalma, a ja layi ƙarƙashin duk jimlar da ta maimaitu fiye da sau uku. Za a samu su tuli: ya yi kira ga al'umma, ya jaddada ƙudirin gwamnati, masu ruwa da tsaki, a nasa jawabin, ya sha alwashin, ba za ta yi ƙasa a gwiwa ba, ya bayyana hakan ne yayin da yake karɓar baƙuncin. Da waɗannan kaɗai za a iya gina rahoton daƙiƙa 90 kan ziyarar ban girma da ba a ce komai a cikinta ba, kuma mai kallo ba zai lura babu labari ba sai an kai ƙarshe. A bar daƙiƙa 50 na farko su tafi wajen jero sunaye da sarautu bisa girman muƙami, kyamara na bin babban teburi daga dama zuwa hagu, tana ɗan tsayawa a kan wanda ke gyangyaɗi. Sauran 40 ɗin a ba wa wanda ya wakilci wanda ya wakilci mai girma. Idan ana so a ƙara gishiri, a dawo ɗakin tace hoto a nuna edita yana auna kaurin ambulan da yatsa biyu kafin ya yanke wa kowane mai jawabi daƙiƙoƙinsa. Duk ɗan jarida ya san kuɗin mota, kuma duk mai kallo ya daɗe yana zargin akwai shi.

Lissafin lokaci ba abin wasa ba ne a nan. Filin rabin awa, idan an cire talla da sanarwa, minti 24 ne ko ƙasa da haka. A raba shi gida tara ko goma, kada wani gida ya wuce minti uku, domin barkwancin kwaikwayo yana saurin tsami. Ƙa'idar da ake koya wa masu rubuta labaran Ingilishi ita ce kalma uku a daƙiƙa. Hausa ta fi jan baki, don haka gabatarwar daƙiƙa 20 kada ta haura kalma 50. Marubucin da bai san wannan ba zai cika takarda, mai karatu ya riƙa gudu, sai muryar ta tashi daga ta labarai ta koma ta mai tallan magani a tasha.

Kuskuren da ya fi kashe irin wannan shiri shi ne ɗan wasa ya nuna ya san abin dariya yake yi. Mai karanta labaran ƙarya dole ya zauna kamar wanda zai sanar da rasuwar sarki. Babu kashe ido, babu murguɗa baki, babu hular da ta fi kai. Kuma a taimaka a raba mu da dariyar gwangwani, wato dariyar jama'a da aka naɗa tun tuni, da ƙarar nan ta zamiya da ake liƙa wa kowane fim ɗin barkwanci, domin labaran gaske ba su da su, da an ji su kuwa asiri ya tonu. Sau da yawa tsohon mai karanta labarai da ya yi ritaya ya fi fitaccen ɗan barkwanci dacewa da kujerar, saboda shi ya san yadda ake daidaita takardu a kan teburi lokacin da kiɗan rufewa ke tashi, yana motsa baki kamar yana hira da abokiyar aikinsa alhali ba ya cewa komai.

Sai batun tangarɗar na'ura, wadda ita ce taskar da ba ta ƙarewa a wajenmu, kuma ita ce ta fi wuyar yi da gangan. Ɗauki jinkirin da ke tsakanin sutudiyo da wakili. Tauraron ɗan'adam da ake aika hoto ta kansa yana nisan kilomita kusan 36,000, saƙo ya hau ya sauko kusan rubu'in daƙiƙa ne, tambaya da amsa rabin daƙiƙa ke nan, sannan na'urorin da ke matse hoto su ƙara nasu. Idan ta intanet aka haɗa, abin kan kai daƙiƙa da yawa. A wasa, jinkirin da bai kai daƙiƙa ɗaya ba ba a lura da shi, wanda ya wuce huɗu kuma gundura yake kawowa. Daƙiƙa biyu ne daidai, wato hoto 50 a tsarinmu na hoto 25 a daƙiƙa. Wakili ya tsaya yana gyaɗa kai, yatsa a kunne. Mai gabatarwa ya ɗauka bai ji ba ya sake tambaya, a daidai lokacin da amsar farko ta iso. Su yi karo, kowa ya ce bismillah ci gaba, su sake yin shiru tare. Sau uku ake yi, na ukun ya fi tsawo, sannan a yanke. Ba a barin wannan ga sa'a. Ana ɗaukar kowane ɓangare daban, edita ya ƙirga hotunan da hannunsa.

Haka shirin kiran waya. Ana ɗaukar muryar mai kira da makirufo mai kyau, sannan a yanke duk sautin da ke ƙasa da 300 da wanda ke sama da 3,400 a ma'aunin kaifin sauti, wanda shi ne faɗin da layin tarho ke ɗauka, sai ta koma muryar waya sak. A ɗora mata amsa-kuwwar kanta da jinkirin daƙiƙa ɗaya da rabi, shi ne abin da ke faruwa idan mai kira ya ƙi rage ƙarar akwatinsa. Mai gabatarwa na roƙo, Malam rage talabijin ɗinka, shi kuwa yana sauraron muryarsa cikin jin daɗi, ya gaida mai gabatarwa, ya gaida baƙo, ya gaida 'yan majalisarsu ta bakin kasuwa ɗaya bayan ɗaya, yana cewa tambayata ita ce, kati ya ƙare. Ɗaukewar wuta ma tana da nata lissafi. Allo ya yi baƙi na daƙiƙa shida zuwa takwas kafin janareto ya ɗauka, a dawo a tarar mai karatu bai san an ɗauke ba, ya riga ya shiga wata sanarwa, sai farkon sanarwar ɗaurin aure ya haɗu da ƙarshen cigiyar akuya. Ga baƙo da ya zo da koriyar shadda aka zaunar da shi gaban koren ƙyallen da kwamfuta ke gogewa ta sa hoto, ya koma kai da hula suna yawo a kan taswira. Ga rubutun ƙasan allo da ya makara, sunan likitan dabbobi ya fito a ƙarƙashin shugaban ƙaramar hukuma. Sharaɗi ɗaya ne: tangarɗa ɗaya a kowane gida na shirin, kuma ma'aikata su riƙa ƙoƙarin rufa mata asiri da gaske. Fuskar mai ɓoye ɓarna ita ke ba da dariya. Idan aka tara biyar a minti ɗaya, mai kallo zai ɗauka tashar ce ta lalace, ya sauya.

Akwai wata dabara daga Amurka da ta dace da aljihunmu. Shirin The Larry Sanders Show na Garry Shandling, wanda HBO ta nuna daga 1992 zuwa 1998, labarin mai gabatar da shirin hira ne na dare. Abin da ake watsawa ga jama'a sun ɗauke shi da kyamarar bidiyo ta sutudiyo, abin da ke faruwa a bayan fage kuma da fim, don haka ido kaɗai ya isa ya gaya maka ko ana kan iska ko an sauka. Ba sai an sayi fim ba a yau. Ɓangaren sutudiyo a kafa kyamara uku a kan ƙafafunsu, fitila ta cika ko'ina, makirufo a maƙale a wuyan riga. Ɓangaren bayan fage a ɗauka da kyamara ɗaya a kafaɗa, da hasken taga, a bar gurnanin janareto da ƙarar fanka su shigo. Wurin da ya fi daɗi shi ne mahaɗar, daƙiƙar da jar fitila ta mutu, murmushi ya zube daga fuskar mai gabatarwa, ya juya ya tambayi furodusa ko an biya albashin watan jiya. A kashin farko na wancan shiri, shugabannin tasha sun tilasta wa mai gabatarwa ya yi tallan wani kayan aikin lambu da bakinsa a tsakiyar shiri. Wanda ya taɓa ganin an katse hira da likita domin mai maganin basir da sanyi da ya sayi fili ba ya buƙatar a fassara masa wannan.

Wasu za su ce ai sai shirin ya riƙa tafiya da labaran mako. A yi hattara. Drop the Dead Donkey na tashar Channel 4 ta Birtaniya, wasan barkwanci kan ma'aikatan wani ɗakin labarai, daga 1990 zuwa 1998, ana ɗaukarsa ne dab da ranar nunawa domin a cusa abin da ya faru a makon. Ya yi tashe, amma da aka zo maimaita shi sai da aka riƙa sa ɗan bayani a farko don tuna wa mutane abin da ake ciki a lokacin. Abin da mutane suka riƙe daga shirin har yau shi ne halayen ma'aikatan, musamman wakilin nan da ke yawo da 'yar tsanar yara yana ajiye ta a wurin da aka yi bala'i domin hoto ya fi taɓa zuciya. Shawararmu, kashi huɗu cikin biyar na rubutun ya tsaya kan halaye da al'adun gidan, a ɗauke shi tun da wuri, a bar minti huɗu ko biyar a teburin mai karatu don abin da ya taso. Tashar da ke da kyamara uku da mota ɗaya ba za ta iya ɗaukar minti 24 cikin kwana ɗaya kowane mako ba, a mako na huɗu za ta fara maimaici.

Yanzu ga inda gizo ke saƙar. Wa zai yarda a yi masa dariya da kuɗinsa, a cikin gidansa? An samu waɗanda suka yarda. NBC ta Amurka ta nuna 30 Rock na Tina Fey, wasan barkwanci kan bayan fagen wani shiri na tashar, daga 2006 zuwa 2013, inda aka yi wa kamfanin General Electric, mai tashar a lokacin, tsiya son rai, har babban jami'in cikin wasan aka ba shi muƙamin kula da talabijin da na'urar ɗumama abinci a haɗe. Da kamfanin Comcast ya zo sayen tashar, marubutan suka ƙirƙiro wani kamfani mai kama da shi suka ci gaba. BBC ta bar a ɗauki W1A, daga 2014 zuwa 2017, a cikin hedikwatarta ta Landan, ana nuna manajoji suna taro bayan taro ba a yanke komai. A ganinmu wannan na biyun ya yi laushi da yawa. Idan maigida ya fi kowa jin daɗin zagin da ake yi masa, to zagin ya zama kirari. A ɗaya gefen kuma ga Bassem Youssef na Masar, likitan zuciya da ya fara a YouTube a 2011 yana yanko maganganun masu gabatar da shirye-shiryen ƙasarsa yana jera abin da suka faɗa jiya da na yau. Tashar CBC ta dakatar da shirinsa a Nuwamban 2013, ya koma wata, a Yunin 2014 ya rufe baki ɗaya. Gidajenmu, waɗanda akasari ko na gwamnatin jiha ne ko na attajiri mai ƙafa a siyasa, sun fi kusa da wannan misali. Don haka a nufi ɗabi'a, a ƙyale mutum. Tashar cikin wasa ta zama ƙirƙirarriya, a jihar da babu ita a taswira, mai tashar kuma a riƙa jin muryarsa ta waya kawai ba a ganinsa. Sojan baka na cikin wasa ya sauya uban gida sau biyu a shiri ɗaya, amma kada a ba shi murya ko lafazin wani da aka sani a gari.

Haɗari na ƙarshe shi ne wanda Turawan 1994 ba su sha fama da shi ba. Yau ana yanke daƙiƙa 30 daga shiri a jefa a WhatsApp, babu farko babu ƙarshe, kuma duk ƙoƙarin da aka yi don abin ya yi kama da gaske sai ya dawo ya zama makami. Ko a wancan zamani, shirin Brass Eye na 1997, wani kwaikwayon labaran da Chris Morris ya yi a Channel 4, ya ƙirƙiro wata ƙwayar maye da babu ita, har wani ɗan majalisar dokokin Birtaniya ya shigar da tambaya a kanta a majalisa. Idan ɗan majalisa ya faɗa, ina ga wanda aka turo wa a waya da tsakar dare? Saboda haka tambarin tashar ƙarya ya zauna a jikin hoton tun daga farko har ƙarshe, a wurin da ba za a iya datse shi ba, kamar jikin teburi da bangon bayan mai karatu, domin na kusurwa da yatsa biyu ake cire shi. Kada launinsa ko kiɗansa su yi kama da na wata tasha mai rai. Akwai kuma abubuwan da ba a yi musu labari da ɗumi-ɗuminsa na wasa ko da wane dalili: rikicin addini ko ƙabila, harin 'yan bindiga, mutuwar wani mai rai, canjin kuɗi, ganin wata. Kiɗan badujala a farkon sanarwa ma a bar shi, waɗanda suka rayu a zamanin soja sun san abin da yake nufi. Duk mutumin titi da aka ɗauka a jin ra'ayin jama'a a gaya masa gaskiya bayan an gama, ya sa hannu a takarda, in ya ƙi a goge.

Lauya ya karanta rubutun kafin a ɗauka, domin gyara a takarda kyauta ne, gyara bayan an tara 'yan wasa kuwa kwana guda ne na haya da abinci. A duba kundin ƙa'idojin hukumar kula da gidajen rediyo da talabijin ta ƙasa, wadda aka kafa a 1992, mai aiki a Kano kuma ya san akwai hukumar tace fina-finai ta jiha. Kafin a miƙa kashin ƙarshe, wani wanda ba edita ba ya bi shi a hankali. A Brass Eye ɗin nan an taɓa cusa zagin shugaban tashar a hoton da bai kai ƙiftawar ido ba, ya fita ga jama'a. Sannan furodusa ya nemi yarjejeniya a rubuce ta kashi shida cur, da sunan mutum ɗaya tak da ke da ikon cewa a cire wani abu, da wa'adin awa 48 kafin nunawa. In ba haka ba, manajan talla zai cire nasa, shugaban sashen labarai ya cire nasa, direban mai tashar ma ya leƙo ya ce wannan wurin kamar da Alhaji ake.

Wassalam.

Naku,
Wasu tsofaffin ma'aikatan ɗakin labarai da ɗakin tace hoto,
Kaduna.